Muhawarar zaure: wai mai sa murya ya fi ɗan wasan da ake gani?

Autan Inna: Assalamu alaikum 'yan zaure. Yau raina a ɓace yake, kuma sai na amayar. Jiya bayan isha'i ina kwance a tabarma a tsakar gida ina kallon Spirited Away a waya, fim ɗin nan na Hayao Miyazaki na 2001, karo na huɗu ke nan. Na zo daidai inda yarinyar nan Chihiro ta baro wurin iyayenta da aka mayar aladu, yaron nan Haku ya miƙa mata dunƙulen shinkafa, tana ci tana kuka. Wallahi ban san lokacin da hawaye ya zubo mini ba. Sai ga Yaya ya fito da buta a hannu, ya leƙo kaina, ya ce, "Gemai-gemai da kai kana kuka a kan katun?" Bai tsaya nan ba sai da ya ƙwala wa matarsa kira ta zo ta gani.

To ni ba zanen ne ya sa ni kuka ba, muryar ce. Rumi Hiiragi da ta yi muryar Chihiro ba ta kai shekara 15 ba a lokacin. Sannan tsohuwar nan Yubaba mai gidan wanka da 'yar tagwaicinta Zeniba, mace ɗaya ce ta yi su, Mari Natsuki. Na rufe fuskar wayar da tafin hannuna na saurara: ɗaya kamar mai ba da bashi ta zo karɓa, ɗaya kamar kakarka tana zuba maka shayi. Ba fuska, ba ado, ba motsin jiki, daga ita sai makirfo. Saboda haka na ce mai sa murya a katun ɗin Japan ya fi ɗan wasan da ake ganin fuskarsa iya wasa. Wanda yake ja ya zo.

Mai Gyaran Waya: Wa'alaikumus salam. Kafin mu je ko'ina, gyara bakinka. Ba katun ba ne, anime ne. Kai da ake wa dariya a gida, kai ma ka zo kana maimaita kalmar da aka zage ka da ita.

Bakatsine: Yawwa, an fara. Mene ne bambancin? Zane ne yana motsi. Ko a Japan aka yi shi ko a Funtua, katun ne.

Mai Gyaran Waya: Katun shi ne kyanwa ta bi ɓera a buga mata tukunya a ka, yara su yi dariya. Anime labari ne mai zurfi, da mutuwa da yaƙi da maraici. Fim ɗin da Auta yake magana ya ci kyautar Oscar a 2003, ya kuma ci babbar kyautar bikin fina-finai na Berlin a 2002. Ka taɓa jin an ba kyanwa da ɓera kyauta?

Bakatsine: Ƙwarai kuwa. Tom da Jerry sun ci Oscar ba sau ɗaya ba, tun kafin a haifi babanka. Ka dai tsaya a gyaran waya.

Mai Gyaran Waya: Me ya kawo babana cikin maganar katun?

Bakatsine: Ka ga kai ma ka ce katun.

Anti Malama: Ku biyun nan kun ishe mu. Su kansu 'yan Japan ɗin, kalmar anime gutsure ta suka yi daga kalmar Turanci, kuma da ita suke kiran duk wani zane mai motsi, har na Amurka. Wato a Tokyo, kyanwa da ɓeran ma anime ne. Mutanen waje ne suka keɓe kalmar ga na Japan kaɗai.

Bakatsine: Allah ya ƙara ilimi Anti. Shi ke nan na yi nasara.

Mai Gyaran Waya: Ina nasarar? Cewa ta yi komai anime ne, ba ta ce komai katun ba ne.

Autan Inna: Don Allah maganar murya nake yi fa.

'Yar Damagaram: Mu nan "dessin animé" muka tashi muna ji a talabijin, sai a zauren nan na ga ana dambe a kan katun. Amma Auta, tambayata ɗaya: kana jin Japananci ne? In ba ka ji, ta yaya ka san ta iya? Rubutun ƙasa kake karantawa, idonka yana kan Turanci, kunnenka yana jin ƙara kawai.

Autan Inna: Yaya, kuka ai ba shi da yare. In jariri ya yi kukan yunwa a Agadas ko a Osaka, uwa za ta gane. Ki saurari yadda numfashinta yake yankewa kafin kukan ya ƙwace mata.

Oga Direba: Ni na Turanci na kalla, kuma ya fi daɗi. Ba zan sayi data in zauna karatu ba. Makaranta na zo?

Mai Gyaran Waya: Innalillahi. Wanda ya kalli anime da muryar Turanci kamar wanda ya ci tuwo da miyar gwangwani ne.

Oga Direba: Kai da ka kwana kana kallon Indiya-Hausa a shagonka har kwastoma yana sallama ba ka ji? Wannan ba canjin murya ba ne? Na ganka da idona.

Mai Gyaran Waya: Wannan daban. Yarena ne. Kuma masu fassarar nan gwanaye ne, mutum ɗaya ya yi jarumi ya yi mugu ya yi tsoho, har ya ƙara da barkwancinsa.

Autan Inna: To ai abin da nake faɗi ke nan tun farko! Murya ce take ɗaukar fim!

Oga Direba: Auta bari mu gama da wannan tukuna. Mai Waya, ina cajar da na bar maka tun sallah ƙarama?

Shugaban Zaure: Maganar caja ku koma ta bayan fage.

Anti Malama: Auta, akwai abin da zai ɗan rage maka ƙarfin hujja, kada ka ji haushi. A Japan sa murya sana'a ce guda, seiyu ake ce musu, da makarantunsu da kamfanonin da suke ɗaukarsu. Amma shi Miyazaki an san shi da tsallake su a manyan fina-finansa na baya-bayan nan, ya ɗauko 'yan wasan fim ko ma wanda ba sana'arsa ba ce. Tsohon nan mai hannu shida da yake hura wutar gidan wanka, Kamaji, Bunta Sugawara ne ya yi shi, wanda ya yi suna a fina-finan 'yan daba. Ita Natsuki ɗin taka ma mawaƙiya ce kuma 'yar wasan dandali. A The Wind Rises na 2013 kuwa, Miyazaki ya ba Hideaki Anno muryar jarumin fim ɗin, mutumin da aikinsa ba da umarni ne. Ka ga misalinka ɗan wasan da ake gani ne ya shiga rumfar murya. Ba ka raba su ba, ka haɗa su.

Autan Inna: Anti na ji, amma da ta shiga rumfar ai fuskarta ba ta taimake ta da komai ba. Kuma yawanci a can zanen ake fara yi, sannan mai murya ya zo ya bi bakin zanen. Dole numfashinka ya dace da na abin da ba ya numfashi. In ƙwararru kike so, ga Masako Nozawa, an haife ta a 1936, ita ce muryar Goku, jarumin Dragon Ball, tun 1986.

Bakatsine: Tsaya, tsaya. Goku mace ce?

Autan Inna: Muryarsa ta Japananci, e. Luffy na One Piece ma mace ce, Mayumi Tanaka, tun 1999.

Bakatsine: Ƙarya ne. Wannan ihun ba na mace ba ne. Kawo hujja.

Mai Gyaran Waya: Kai da ka ce katun ne na yara, ina ka san ihun Goku?

Bakatsine: Ƙanena ne yake kallo, ni wucewa kawai nake yi.

Oga Direba: Wucewar da ta kai shekara goma.

Baban Yasmin: Ni duk ba wannan ba. Fim ɗin da ake magana, gidan wankan nan ba na allolin gargajiyarsu ba ne? Ku dai kula da abin da kuke nuna wa yara. Katun ba abin wasa ba ne.

'Yar Damagaram: Baba, mu da muka tashi da tatsuniyar dodo da 'yan ruwa? Wanda yake kallo ya san labari ne.

Mai Gyaran Waya: Kuma anime ne, Alhaji, ba katun ba.

Baban Yasmin: Yaro, na girmi kalmar.

Shugaban Zaure: To jama'a, saƙonni sun yi yawa, masu aiki suna ƙorafi, zan rufe. Ga abin da aka cimma a taƙaice. An tabbatar da cewa katun katun ne, kamar yadda ɗan'uwana Bakatsine ya kawo da hujjoji masu ƙarfi, kuma Anti Malama ta mara masa baya. Mai Gyaran Waya bai iya kare kansa ba, sannan ana binsa caja. Maganar cewa mace ce take yin Goku, wannan sai an bincika, ni dai ban yarda ba. Shi kuma Auta, muna ba shi haƙuri, amma ya riƙa shiga ɗaki in zai yi kallo, kuma ya girmama yayansa.

Anti Malama: Shugaba, ni ban mara wa kowa baya ba.

Autan Inna: Mutum ɗaya dai, don Allah, ya rufe waya da hannu ya saurari tsofaffin nan biyu, minti biyu kacal.

Oga Direba: Wayata ba caji.