Rim 17 a Peugeot 406 wagon, zai yi?

Direban Funtuwa: Salam 'yan uwa, 406 wagon gare ni mai taya 195/65 R15, ina son sa rim 17 don ado, amma ina ɗaukar buhunan masara zuwa Zariya, ya kuka gani?

Usta Makaniki: Haba malam, kaya da rim 17? Tayar siririya ce, rami ɗaya rim ya lanƙwashe, ni dai sau biyu ina kai nawa gyara kafin na haƙura. In dole sai ka canza to sa 205/55 R16, tsayinsu kusan ɗaya, sifidomita ba zai maka ƙarya ba.

Baban Ilham: Ka duba lambar nauyi da ke jikin tayar ma, 91 na nufin kilo 615 kowace taya. Kuma ka nemi rim mai ramin noti huɗu, wato 4x108.

Direban Funtuwa: Na gode Usta, 16 ɗin zan nema.