Ɓarawo ne ko gwani? Cacar baki a kan mai ɗige-ɗigen Amurka

Mai Burushi: Salamu alaikum 'yan zaure. Tun jiya abin nan ke cina, yau dai sai na amayar. Shekara goma sha biyu ina rubutun allo da zanen bayan mota, ban taɓa ganin rainin wayo irin wannan ba. Wai wani Ba'amurke, Roy Lichtenstein, zanensa guda ɗaya tak mai suna Masterpiece aka yi gwanjonsa dala miliyan 165 a 2017. Na je na duba. Mace ce da namiji, an bi fuskokinsu da ɗige-ɗige irin na tsohuwar jarida, shi ke nan. Maganata ɗaya ce: ɗigo ba gwaninta ba ne, aikin injin buga takarda ne, duk yaron da ka miƙa wa rariya da fenti zai yi shi. Hotunan ma daga littattafan katun na wasu ya kwaso. Ɓarawo ne kawai da ya dace da masu kuɗi. Abin da ya ƙara tunzura ni, makon jiya na zana wa wani mai shayi allo, kwana biyu ina kansa, wani ya zo ya ɗauki hotonsa da waya ya kai aka buga masa shi a kan bana ta talla. Ko sannu bai ce min ba.

Bakanon Asali: Wa alaikumus salam. Miliyan nawa ka ce? Bari in nemo rariyar gidanmu.

Bazazzagiya: Malam Mai Burushi, ka janye kalmar ɓarawo. Mutumin ya rasu tun 1997, ba ya nan balle ya kare kansa. Kuma ba gwanjo aka yi ba, ciniki ne tsakanin mutum biyu. Wanda bai san yadda aka sayar ba, ina zai san yadda aka zana?

Mai Burushi: Hajiya, to me ake kiran wanda ya ɗauki kayan wani bai tambaya ba?

Bazazzagiya: Aro ake kira a fagen zane. Ɗauki zanensa Drowning Girl na 1963. A ainihin shafin katun da Tony Abruzzo ya zana, akwai saurayin can baya yana riƙe da kwalekwalen da ya kife. Lichtenstein ya datse saurayin, ya datse kwalekwalen, ya bar fuskar yarinyar da hawaye da igiyar ruwa ta cika allon. Ya rage maganar da take yi, har sunan saurayin ya sauya daga Mal zuwa Brad. Wannan tunani ne, ba hannu kawai ba.

Bakanon Asali: Aro? Ya mayar? A garinmu in ka ari akuya ka datse mata kunne ka sauya mata suna, alƙali ba zai kira ka mai tunani ba.

Lauyan Unguwa: Ku dakata, kuna haɗa abu biyu. Sata a shari'a ita ce ka raba mutum da kayansa. Littafin Abruzzo yana nan, ba wanda ya ɗauke. Abin da kuke nufi keta haƙƙin mallaka ne. Kuma masu zanen katun na lokacin shafi-shafi ake biyansu, haƙƙin na kamfani ne, sau da yawa ko sunansu ba a sawa a jikin aikin. To in ma an ci haƙƙi, na kamfanin DC da ya buga littafin aka ci.

Mai Burushi: Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi ke nan.

Lauyan Unguwa: Karin magana ba hujja ba ce a gaban kotu, ƙanena.

Baba Mai Ɗab'i: Yara, ku bar ni in sa baki a kan ɗigon, tunda shi aka fara magana a kai. Shekarata talatin a gaban inji. Ɗigon nan sunansa Ben Day, daga sunan wani Benjamin Day da ya fito da dabarar a 1879. Dalilinsa tsimi ne. Mai buga katun tawada huɗu gare shi: shuɗi, ja, rawaya, baƙi. In yana son launin fatar Bature ba shi da tawadarsa, sai ya yayyafa ƙananan ɗigon ja a kan farar takarda, ido ya haɗa su ya ga ruwan hoda. An yi ɗigon ne don kada a gan shi. Shi kuma Lichtenstein sai ya kumbura shi, ya sa ka dole ka gani. Kuma ku daina cewa irin na hoton jarida ne. Na hoton jarida wani babba wani ƙarami, da haka ake samun duhu da haske. Na Ben Day duk kai ɗaya ne a fili guda. Ɗauko tsohuwar jarida ka ɗora mata gilashin ƙara girma, za ka ga abin da nake faɗa.

Uwar Biyu: Ni fa tun ɗazu da ake cewa zane mai ɗige-ɗige na zaci atamfa ake tallatawa. Allah ya ba ku haƙuri, na wuce.

Bakanon Asali: Baba, mun gode, amma ba ka faɗa mana ɓarawo ne ko ba ɓarawo ba.

Baba Mai Ɗab'i: Ban zo nan ba tukuna. Shi Mai Burushi ya ce kowane yaro zai yi. Ku duba zanen Lichtenstein mai suna Look Mickey na 1961, ɗigon bai daidaita ba, wani ya yi kauri wani ya dushe, don a lokacin bai gano dabarar ba. Daga baya ne ya koma ɗora faranti mai huda-huda a kan allon yana goga fenti ta cikin hudojin. In faranti ya goce ko da kaurin gashi, layin ya karkace. Ni na san zafin wannan.

Ɗan Maraɗi: Duk kun ɓata. Ɗigo a zane Bafaranshe ne ya fara, Georges Seurat. Babban zanensa na mutane a bakin kogi daga 1884 zuwa 1886 ya yi shi, ɗigo bayan ɗigo da hannu. Amurkawa kullum sai su kwashi abin mutane su ce nasu ne.

Bakanon Asali: Kai ko an yi maganar tuwo sai ka ce a Faransa aka fara tuƙa shi.

Baba Mai Ɗab'i: Ɗana, 1879 da 1884 wanne ya riga?

Ɗan Maraɗi: Ni maganar fasaha nake, ba maganar inji ba.

Bazazzagiya: To ai ko ita fasahar pop, wato salon zanen da Lichtenstein ke yi, ba a Amurka ta fara ba, a Ingila ne. Richard Hamilton ya baje aikinsa a Landan a 1956, kuma da me ya yi shi? Da hotunan da ya yanko daga mujallu ya manna. Tushen tafiyar ke nan: a ɗauko abin kasuwa, abin talla, abin da kowa ke gani ya wuce, a kafa shi a bango a ce tsaya ka kalla. Andy Warhol gwangwanin miyar Campbell ya zana har guda 32 a 1962. Shi ma ɓarawon gwangwani ne?

Lauyan Unguwa: Hajiya, kin jawo wa kanki. Warhol ɗin nan dai, a 2023 Kotun Ƙolin Amurka ta yanke hukunci a kan gidauniyarsa, ta ba mai ɗaukar hoto Lynn Goldsmith gaskiya a kan hoton mawaƙi Prince da ta ɗauka. Alƙalai bakwai a gefe guda, biyu a ɗaya gefen.

Mai Burushi: Allahu Akbar! Kotu ma ta ce ɓarayi ne.

Lauyan Unguwa: Ba ta ce haka ba. Kan ba wa mujalla lasisin hoton aka yi hukunci. Kada ka sa min magana a baki.

Bakanon Asali: Lauya, kai wai gefen wa kake?

Lauyan Unguwa: Gefen wanda ya biya.

Mai Burushi: To ga wata. Zanen Lichtenstein Whaam! na 1963, jirgin yaƙi yana harbo wani. Irv Novick ne ya fara zana shi a littafin katun All-American Men of War na 1962. Gidan baje kolin zane na Tate da ke Landan ya saya a 1966, mutane na tururuwa suna kallo. Cikinsu mutum nawa suka san Novick? Ni a wurina Tate ɗin ma ɓarawon zaune ne. Kuma mujallar Life da kanta a 1964 ta ce Lichtenstein ne mafi muni cikin masu zanen Amurka.

Bazazzagiya: Tambaya ta yi, da alamar tambaya a ƙarshe, ba hukunci ba. Sannan na Novick ɗan akwati ne a shafin littafi, Whaam! kuwa faɗinsa ya kai mita huɗu, allo biyu aka haɗa. Ka taɓa tsayawa gaban abu mai mita huɗu?

Mai Burushi: Bayan tirela nake zanawa, Hajiya.

Bakanon Asali: An kashe bakin 'yan boko. Dama Zazzagawa in suka karanta littafi biyu sai su fara kiran sata da sunan aro.

Bazazzagiya: Bakano na maganar sata? Ku da ake ƙirga yatsu in an gama gaisawa da ku a Kwari.

Bakanon Asali: Yatsun da muka ɗauka aro ne, za mu sauya musu suna.

Ɗan Maraɗi: In ɗigo ake so na gaske a je wurin Yayoi Kusama ta Jafan. Ita tun tana yarinya take ganin ɗige-ɗige a idonta, ba daga littafin kowa ta kwaso ba.

Bakanon Asali: Yau kuma an bar Faransa an koma Jafan.

Lauyan Unguwa: Wani abu da ba a faɗa ba: matar da ta sayar da Masterpiece, Agnes Gund, ta ware dala miliyan 100 daga kuɗin ta kafa asusun rage cunkoson gidajen yari a Amurka.

Bakanon Asali: Kun ji ko. Kuɗin ɓarawo ya koma fito da 'yan uwansa.

Shugaban Zaure: To ya isa haka, dare ya yi, zan rufe. Ga abin da aka tsayar. Na ɗaya, Hajiya ta kawo hujjoji masu ƙarfi da shekaru da sunaye, ta tabbatar cewa aro ne, kuma ba wanda ya iya ture su. Na biyu, Lauya ya nuna ba a yi sata ba. Maganar kotu da ya kawo daga baya ba ta shafi wanda ake magana a kansa ba, don haka ba ta cikin lissafi. Na uku, Bakano bai kawo komai ba sai surutu, kamar yadda aka san su. Baba ya yi bayanin inji, Allah ya saka. Mai Burushi ya janye kalmarsa.

Mai Burushi: Yaushe na janye? Ranka ya daɗe, kai ma ai ɗan Tudun Wadan Zariya ne, kowa ya sani. Kuma har yanzu ba wanda ya ce min komai a kan allona.

Baba Mai Ɗab'i: Tsaya, ɗana. Allon nan naka, mai jan kofi ne da tururi yana tashi, ga burodi a gefe?

Mai Burushi: Shi ne, Baba. A ina ka gan shi?

Baba Mai Ɗab'i: Ka kira ni da safe.