Wata biyu ina rataye a ƙarfen gola, haɓata ba ta taɓa tsallake shi ba

Tela daga Fagge:
Assalamu alaikum 'yan'uwa. Wuni nake a kan keken ɗinki, bayana har ya fara ranƙwafawa. Shi ya sa bayan sallar asuba nake zuwa filin ƙwallon firamaren unguwarmu. Firesof, wato in kifa ciki ina tura jikina sama da hannuwa, ina yin 30 a jere. Amma jan jiki sama a ƙarfen gola ya gagare ni, kullum ina gwadawa, ko sau ɗaya ban kai ba. Nauyina kilo 82. Yanzu kuma gwiwar hannuna ta dama tana ciwo ta ciki, ko almakashi na riƙe sai na ji. Don Allah ina kuskurena?

Tsohon soja:
Wa alaikumus salam ƙanena. Firesof ƙirji da kafaɗa da bayan damtse yake ginawa, jan jiki kuwa tsokar baya da gaban damtse yake nema, ɗaya ba ya biyan bashin ɗaya. Ka fara daga sama. Taka benci, haɓarka ta wuce ƙarfen, ka sauko a hankali kana ƙirga biyar. Sau huɗu, ka huta minti biyu, zagaye uku. Kwana uku a mako ya isa. Kullum ɗin nan da kake yi shi ya jawo maka ciwon, domin jijiya ba ta saurin ƙarfi kamar tsoka. Sai ciwon ya lafa za ka fara.

Mai walda:
Malam, ƙarfen ma da laifinsa. Na gola kauri gare shi, hannu ba ya zagaye shi, ga tsayi mita 2.44. In kuma ba a kafe yake da siminti ba, yana iya kifewa a kanka. Ka sa a yi maka da bututu mai inci ɗaya, hawa biyu, ɗaya daidai ƙugu. A gajeren za ka shige ƙasa, dugaduganka a ƙasa, jiki a miƙe, ka jawo ƙirjinka zuwa ƙarfen. Ni da shi na fara.

Tela daga Fagge:
Na gode Yallaɓai, na gode Oga. Gobe zan duba gindin golan. Ciwon fa, in shafa man zafi?

Tsohon soja:
Man zafi ɗumi kawai zai ba ka. Ka bar ratayar tukuna. In ya wuce mako biyu, ko yatsunka suka fara mutuwa, je asibiti a duba, da hannun nan kake cin abinci.