Wai waye wannan Maës da aka ce ya ci wa Faransa biyar a wasa ɗaya?

Ɗan_Agege:
Salamu alaikum jama'a. Dan Allah masana ƙwallo ku raba mana gardama. Jiya da daddare a gidan kallo nan Agege muna ta cika baki kan Mbappé, sai wani dattijo ɗan Nijar da ke zama a bencin baya ya ce mu yi shiru, wai tun kafin a haifi kakanninmu akwai wani Bafaranshe mai suna Maës da ya zura biyar shi kaɗai a wasa ɗaya kuma wai ko sisi ba a biyansa. Mu dai dariya muka yi masa amma abin ya tsaya min a rai. Gaskiya ne ko dai baba ya shafa mana ne kawai?

Malam_IdiAraba:
Wa alaikumus salam. Baba bai yi ƙarya ba, ku je ku ba shi haƙuri. Sunansa Eugène Maës, an haife shi a Paris a 1890, ya fara buga ƙwallo a wata ƙungiyar matasa ta coci da ake kira Patronage Olier, daga nan ya koma Red Star a 1910, ita ce kulob ɗin da Jules Rimet ya kafa, wato mutumin da daga baya ya zama shugaban FIFA ya kawo gasar kofin duniya. Wasa 11 kacal ya buga wa Faransa tsakanin 1911 da 1913 amma ƙwallo 15 ya ci, ka lissafa da kanka. Biyar ɗin da baba ke faɗi a 1913 ne da Luxembourg, aka tashi 8-0. Sai a 1956 wani Thadée Cisowski ya kamo shi da biyar a ragar Beljiyam. Mbappé huɗu ya taɓa ci a wasa ɗaya, da Kazakhstan a 2021.
Ni wasan da ya fi burge ni ma ba wannan ba ne, na Italiya ne a Turin a watan Maris 1912. Lokacin yana aikin soja na dole, da ƙyar ya samu izini, ya kwana a jirgin ƙasa ya iso da asuba ranar wasan, ba hutu ba komai ya shiga fili ya zura uku, Faransa ta ci 4-3. Karon farko kenan da suka doke Italiya. Dogo ne, gwanin cin ƙwallo da kai, kuma zamanin doka ta yarda ka bangaji gola da kafaɗa har ka tura shi cikin raga da ƙwallon a hannunsa, to shi ya ƙware a haka.

Sani_Mile12:
Haba Malam, Luxembourg fa? Ƙasar da ko rabin mutanen Alimosho ba ta kai ba. A ba ni yaran unguwarmu na Asabar da safe ma sai mun zuba musu. Kuma maganar ba a biyansa ni ban yarda ba wlh, wa zai bari a karya masa ƙafa a banza

Malam_IdiAraba:
Sani ka tuna Faransar lokacin ita ma ba komai ba ce, a gasar Olamfik ta 1908 Denmark 17-1 ta yi mata. To a irin wannan tawaga mutum ya riƙa cin fiye da ƙwallo ɗaya a kowane wasa ai ba ƙaramin abu ba ne. Zancen kuɗi kuma kana da ɗan gaskiya. A hukumance ba a yarda da ƙwallon albashi a Faransa ba sai 1932, kafin nan kowa yana da sana'arsa, ƙwallo sai ranar Lahadi. Amma manyan kulob suna ɗan miƙa wani abu ta bayan fage, golan Red Star ɗin ma Pierre Chayriguès da kansa ya faɗa daga baya cewa ana ba shi kuɗi tun wancan lokacin.

Alhaji_Obalende:
Yaran yanzu kenan, komai sai kun tambayi nawa aka biya. Ai nan Legas ma haka aka faro. Su Teslim Balogun da aka sa wa filin wasa na Surulere sunansa, a ƙungiyar Reluwe ya yi tashe, ƙungiyoyin lokacin na ma'aikatu ne, mutum ya tashi daga aiki ya wuce atisaye. Tawagar Najeriya da ta je Ingila a 1949 yawancinsu ba takalmi suka buga. Suna suke nema da kuma a ce wane ya iya. Malam ci gaba, ya ƙarshensa ya kasance?

Malam_IdiAraba:
Ranka ya daɗe Alhaji ƙarshen ba daɗi. Yaƙin duniya na farko ya ɓarke a 1914 yana ɗan shekara 23, ganiyar ƙarfinsa kenan, aka harbe shi a ƙirji, ya rayu amma bai sake buga wa ƙasa ba. Bayan yaƙi ya koma garin Caen yana buga wa kulob ɗin Stade Malherbe yana kuma horar da su, a gefe guda yana koya wa yara ninƙaya a kogin Orne, da wannan yake ci da iyali. Da Jamus ta mamaye Faransa a yaƙin duniya na biyu sai aka kai ƙararsa wai yana zagin Jamusawa, 'yan Gestapo, wato 'yan sandan ciki na Jamus, suka kama shi a 1943, aka kai shi sansanin gwale-gwale na Buchenwald a Jamus sannan na Dora, ya mutu a tsare a 1945 saura kaɗan yaƙin ya ƙare. Yanzu haka babban wurin ninƙaya na Caen sunansa yake ɗauke da shi.

Sani_Mile12:
Kai subhanallahi, wannan kam ya sha wuya. Na janye ta kuɗin. Amma ta Luxembourg tana nan, a kawo min wanda ya ci Jamus ko Ingila biyar sannan mu yi magana