Wa ya taɓa ganin an kafa ƙarfen sabis da rakiyar 'yan sanda?

Mai fili: Assalamu alaikum 'yan uwa. Na ba wani kamfani hayar filina na bayan gida za su kafa ƙarfen sabis, kuma takardunsu sun cika. Ranar da aka zo haƙa rami, matasan layinmu suka hau kan yashin suka zauna, wai ƙarfen yana jawo ciwon daji da ɓarin ciki. Sau uku ana korar leburori. Lauyan kamfanin ya samo umarnin kotu cewa kada wanda ya sake tare aikin, 'yan sanda kuma su tsaya a kai. Yanzu motarsu na ƙofar gidana, maƙwabcin da muka shekara ashirin muna sahu ɗaya ya daina amsa sallamata. Wanda ya taɓa shiga irin wannan, don Allah ya faɗa mini yadda ta ƙare.

Mai hawa ƙarfe: Wa alaikumus salam Alhaji. Aikina ke nan, kuma na yi aiki a gaban bindiga sau biyu. Ranar zuba kankare lafiya lau, kowa na kallo daga nesa. Amma 'yan sanda ba kwana za su yi ba. A wuri na farko, suna janyewa da mako guda aka yanke shinge aka kwashe batura. A na biyun mun fara zama a zauren mai unguwa, muka ɗauki maigadi da leburori daga cikin yaran layin, har yau ko ƙusa ba ta ɓata ba. Batun ciwo kuwa, Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce ba a samu gamsasshiyar hujjar cewa siginar waɗannan turaku na cutar da mutane ba. Ni da nake rataye a jikinsu kullum zan fi kowa tsoro.

Uwar gida: Malam, ni ba siginar ce ta dame ni ba. Katangata ce ta raba mu da ƙarfen da aka kafa a unguwarmu. Janareta dare da rana, hayaƙin dizal har kan shanyata, jaririna sai da na mayar da shi ɗakin gaba kafin yake samun barci. Da muka yi magana aka nuna mana takardar kotu, alhali gini kawai takardar ta halatta, ba ta ce a hana mu barci ba. Alhaji, tun kafin a gama ka sa a rubuta inda za a ajiye injin.

Ɗalibin shari'a: Hajiya kina da hanya. Ƙa'idar hukumar sadarwa ta ƙasa (NCC) ta 2009 ta sa tazarar mita 5 tsakanin ƙarfe da gida, dokar hukumar kare muhalli (NESREA) ta 2011 ta ce mita 10, hukumomin biyu har saɓani suka yi a kai. Ki sa a auna, ki kai koken ƙarar injin da hayaƙi a rubuce. Su kuma matasan a ja musu kunne, tun 2024 gwamnatin tarayya ta sanya kayan sadarwa cikin muhimman kadarorin ƙasa, taɓa su ba ƙaramin laifi ba ne.

Na Indiya: Na gani da idona lokacin da nake karatu a jihar Kerala. Can abin ya zama ruwan dare, kamfani ya garzaya Babbar Kotun jihar, in izininsa na ƙaramar hukuma ya cika ta umarci 'yan sanda su ba shi kariya. A layinmu tsofaffin mata suka zauna da lemarsu suna waƙar adawa, aka matsar da su gefe, aka ci gaba da ɗaure ƙarfe.

Bazamfare: Mu da aka kashe wa sabis a Satumbar 2021, sai mutum ya shiga mota ya bar jihar kafin ya ji muryar ɗansa. Amma Alhaji, ka je wurin maƙwabcin nan da kanka, ba da lauya ba.

Mai fili: Na gode ƙwarai. Na kira injiniyan, ya yarda a mayar da janaretan ɓangaren titi. Gobe bayan sallar asuba zan roƙi liman ya raka ni gidan maƙwabcin.