Wai daga wajenmu guguwar Amurka ke tashi?

Sani Rigasa: Jama'a, na ji a rediyo wai mahaukaciyar guguwar da ke rusa gidaje a Amurka daga Afirka ta Yamma take tasowa. Ban yarda ba. Komai sai a ɗora mana.

Malam Habu: Wannan karon ba sharri ba ne, Sani. Ka lura hadarin damina daga gabas yake taso mana ya nufi yamma? Wani yakan zarce har ya faɗa teku ta wajen Senegal. In ya tarar ruwan ya yi ɗumi, kamar digiri 27, tururi ya riƙa tashi yana zama gajimare, zafin da yake saki yana ƙara zuƙo iska, juyawar duniya kuma ta murɗa ta. Guguwar da aka sa wa suna Irma ta 2017 kusa da tsibiran Cape Verde, yamma da Senegal, ta fara.

Hajiya Binta: Malam, to wadda ta yaye mana kwano bara a Tudun Wada fa? Buhun masara biyu suka jiƙe.

Malam Habu: Allah ya mayar da alheri, Hajiya. Waccan iskar gaban hadari ce, ba ta daɗewa. Wadda muke magana kwana da kwanaki take yi, kuma sai gudunta ya kai kilomita 119 a awa ake kiranta mahaukaciyar guguwa.

Yusuf Kawo: Amma Malam, guguwar Katrina ta 2005 kusa da tsibiran Bahamas, can wajen Amurka, ta haɗu.

Malam Habu: Shi ya sa ban ce duka ba.

Sani Rigasa: In tamu ce, me ya hana ta taɓa Legas?

Malam Habu: Baya take ba mu, yamma ta nufa. Legas kuma ta yi kusa da layin da ya raba duniya biyu (ikweta), inda murɗawar ba ta da ƙarfi.

Yusuf Kawo: Ni hasashen masana yanayi ne ban yarda da shi ba. Otis ta 2023 cikin kwana guda ta haukace, ta shammaci mutanen birnin Acapulco a Mexico.

Malam Habu: Nan kam ka yi gaskiya. Cibiyar sa ido kan guguwa ta Amurka da ke Miami na bin irin wannan guguwa da tauraron ɗan'adam, jirage na kutsawa cikinta su saki na'urori. Hanyar da za ta bi sun ƙware, ƙarfinta ne ke ba su wahala. Kuma busasshiyar iskar Sahara mai ƙura takan kashe ta tun tana ƙarama.

Sani Rigasa: Au, ƙurar ma tamu ce? To wannan ban ji an faɗa a rediyo ba.