Tazallum: wane suna za mu ba shi da Hausa?

Salamu alaikum 'yan uwa na Makka da Jidda da Madina. Akwai kalmar Larabci da nake so mu tsayar mata da suna a Hausa: tazallum, wato takardar da ake fara rubuta wa hukuma kafin a kai ta kotu. Wasu daga cikinku, kamar Baba da Hajiya, sun riga sun kawo tasu shawarar. Duk wanda wata ma'aikatar gwamnati ta ɗauki mataki a kansa, ko baladiyya, wato hukumar gari, ta rufe masa shago, ko an hana shi lasisi, abu na farko da lauya zai tambaye shi shi ne ko ya yi tazallum. Mutanenmu sai su ce e, ai mun yi ƙorafi. Sau da yawa abin da suke nufi shi ne sun je sun yi wa ma'aikaci bayani da baki.

A Saudiyya, shari'a tsakanin mutum da hukuma Diwanul Mazalim ke ji. Dokar 1982 ta mai da shi kotu mai zaman kanta da ke ƙarƙashin Sarki kai tsaye, dokar 2007 kuma ta yi masa hawa uku: kotun farko, kotun ɗaukaka ƙara, da kotun ƙoli. Amma in kana so alƙali ya soke matakin da aka ɗauka a kanka, ba kotu za ka fara zuwa ba. Sai ka fara rubuta wa ma'aikatar da ta ɗauki matakin, cikin kwana 60 daga ranar da ka san da shi, in dai wata doka ta musamman ba ta sa wani wa'adi daban ba. Ita ma tana da kwana 60 ta ba ka amsa. In ta yi shiru, shirun nan ƙi ne a idon doka, kuma daga nan kana da wasu kwana 60 ka shigar da ƙara. Wannan takarda ta farko ita ce tazallum. Wanda ya bari wa'adin ya wuce, alƙali zai iya korar ƙararsa tun kafin ya duba ko yana da gaskiya.

Shi ya sa na ƙi “ƙorafi”. Ƙorafi ana yin sa a majalisa, a mota, a ƙofar masallaci, ba shi da rana, ba shi da lambar shaidar karɓa. Abin yana min ciwo matuƙa in ga dattijo da hakkinsa a hannu ya rasa shi saboda ya ɗauka ya riga ya yi abin da doka ke nema.

Baba, na ga shawararka ta “ɗaukaka ƙara”, Allah ya ƙara girma. Sai dai wannan ita ce isti'inafi, daga alƙali zuwa alƙalin da ke sama da shi. A tazallum ba a kai ga alƙali ba tukuna.

Hajiya ta kawo “kukan zalunci”, kuma na daɗe ina juya ta, domin zalunci da tazallum da mazalim duk tushensu ɗaya ne a Larabci. Abin da ya hana ni ɗauka shi ne na san mutanenmu. Baƙo mai iƙama, wato takardar izinin zama, ba zai yarda ya sa hannu a takardar da sunanta ke cewa hukuma ta zalunce shi ba, zai gwammace ya haƙura, alhali shi ma ƙofar kotun a buɗe take gare shi.

Ni na tsaya a kan “koken bita”. Koke dai an san shi da takarda, kamar yadda a gida ake cewa hukumar karɓar koke-koke, wadda Najeriya ta kafa a 1975. Bita kuwa kowane almajiri ya san ta: a koma kan abin da aka riga aka wuce a sake dubawa. Abin da kake roƙon ma'aikatar ke nan, ta sake duba matakinta.

Ƙarar da ke biyo baya kuma mu ce mata “ƙarar soke mataki”, ta neman a biya mutum asararsa “ƙarar diyya”. Masu yi wa iyayenmu tafinta a ofisoshin lauyoyi, ku gwada “koken bita” a kansu, ku haɗa da ambaton kwana 60 ɗin, ku faɗa mana ko sun gane ba tare da ƙarin bayani ba.